Yatsu Uku a Kan Kantun Gishiri

To, ku gyara zama. Mai latsa waya ya sa ta aljihu, don labarin nan da shari'a a ƙarshensa, kuma ba zan saurari hukuncin wanda ya ji rabi ba.

A Agadas akwai wasu abokai uku da suke kai baƙi yawon buɗe ido na yini guda. Su ɗauke ka bayan sallar asuba, su kai ka filin gishiri na Tigizal ka ga yadda ake fid da gishiri daga ƙasa, su haura da kai garin Ilakkan cikin duwatsun Azbin ka sha lemo a gindin bishiyarsa, sa'an nan su maido ka masauki kafin magariba. Jibo ne direba, mutumin da sai ka yi masa tambaya uku kafin ya amsa ɗaya. Agali ne jagora, shi kuwa tambaya ɗaya za ka yi ya ba ka amsa goma, har da sunan kakan wanda ya haƙa rijiyar da ka nuna. Kalla shi ne mai girki da shayi, ƙato mai yawan dariya, wanda ya rantse gishirin leda ba zai taɓa shiga tukunyarsa ba. Motarsu wata tsohuwar kat-kat ce, irin mai ratsa rairayi da duwatsu, ƙofar bayanta sai da igiya take rufuwa.

Wata rana gab da faɗuwar damina suka ɗauki mata shida 'yan Damagaram, ƙawayen juna, duk tsofaffin malaman makaranta. Wadda ta matsa aka yi tafiyar sunanta Malama Tsahara. Likita ya gaya mata hasken idonta tafiya yake yi, kafin shekara ta zagayo da wuya ta riƙa gane fuskar mutum. Akwai kuma abin da ko ƙawayen nan ba su sani ba: ba a Damagaram aka haife ta ba. A wata shekarar yunwa, tana 'yar shekara biyar, danginta suka watse a hanya. Wani madugun ayarin gishiri ya tsince ta, ya kai wa matarsa a kudu, suka riƙe ta kamar 'yar cikinsu. Sunan garinsu ya ɓace mata, harshensu ma haka. Abin da ya rage mata kawai shi ne wata farar ƙasa mai ƙyalli, da wata yayarta da take goya ta. So take ta sake ganin irin wannan ƙasa sau ɗaya kafin idon ya rufe.

Da hantsi suka isa Tigizal. Ni na taɓa zuwa, kuma ina gaya muku wurin ya isa kallo. Ramuka ne zagayayyu ɗaruruwa, ruwan wani ja, na wani ruwan ɗorawa, wani kuma ya bushe ya yi fari fat. Matan nan suka manta da ciwon gwiwa. Wannan ta ɗauki hoto, waccan ta ɗanɗana ruwan ta tofar tana salati, sauran suna yi mata dariya. Agali kuwa ya samu abin da yake so, ya ɗaga sanda yana ta zuba bayani.

Kalla yana can gefe yana hura gawayi, sai ya lura mace ɗaya ba ta cikin hayaniyar. Malama Tsahara ta koma inuwar mota ta zauna, ta kare fuska da mayafi. Ƙyallin wurin ya fi ƙarfin idonta, ba ta ganin komai sai fari. Ta yi doguwar tafiyar nan, ga ƙasar a gabanta, amma ta kasa ganinta. Abin ya ba Kalla tausayi ƙwarai. Ya kai mata shayi, ya koma ya buɗe buhunsa ya ɗauko wani ƙaramin kantun gishiri da yake shirin dakawa a miyar rana. A kasuwar Agadas yake sayen irinsa, bai san mai yin sa ba, daɗinsa kawai ya sani.

Ya durƙusa ya ce, “Inna, tunda rana ta hana ki kallo, ga shi ki taɓa. Abin da suke ta yi wa hoto ke nan.”

Ta karɓa tana godiya, tana shafawa. Can sai hannunta ya tsaya. A bayan kantun akwai shaida: gurbin babban yatsa a tsakiya, da gurbin ƙananan yatsu biyu, ɗaya dama ɗaya hagu. Ta sa ɗan ƙaramin yatsanta a na hagun. Kofin shayin ya suɓuce mata.

Ta ce, “Ɗan nan, wa ya yi wannan? Haka uwata take yi. Ta danna nata, ta kira ni da yayata mu danna namu.”

Kalla ya zaga da kantun wurin 'yan masu aikin da suka rage suna kwashe gishirin ƙarshe. Duk 'yan ci-rani ne, ba wanda ya san shaidar. Sai ya kai wa Agali.

Yanzu ku ji amfanin surutun da ake yi wa Agali tsiya a kansa. Tun yana ƙarami yake zama gaban kakarsa, tana lissafa masa gidajen masu gishiri da shaidar kowane gida, ya haddace duka alhali ba wanda ya sa shi. Ya juya kantun sau ɗaya ya ce wannan na wata tsohuwa ce, Gaishata, kuma ita kaɗai take sa yatsu uku. Bai tsaya nan ba. Ya san da ta ga hadarin farko take barin Tigizal ta haura Tabarkat, wani gari can sama da Ilakkan. Ya san ranar kasuwar Tabarkat ta farko bayan haurawarta, bayan la'asar, gidansu suke kora dabbobi su bi ciyawa zuwa bayan duwatsu, inda mota ba ta zuwa, waya ba ta kamawa, sai bayan wata huɗu su dawo. Ya ƙirga kwanaki a yatsunsa, ya ga yau ce ranar kasuwar. Wata huɗu kuwa, Allah kaɗai ya san abin da zai rage a idon Malama Tsahara.

Saura sauran matan, waɗanda lemon Ilakkan da maƙeran azurfarta suka kawo su, ga shi in an nufi Tabarkat ba zuwa Ilakkan. Ɗaya har ta yi wa surukarta alkawarin 'yan kunne. Agali ya nemi izinin Malama Tsahara, ya tara su ya ba su labarinta. Ranar nan dai bakinsa ya yi rana. Kafin ya kai ƙarshe, mai alkawarin 'yan kunnen ta riga kowa shiga mota tana share hawaye, tana cewa me ake jira.

Sai aka juyo kan Jibo. Hanyar da kowa yake bi zuwa Tabarkat awa shida ce, kafin su isa an daɗe da tashi. Hanya ɗaya ce za ta kai su a kan lokaci, wato a ratsa tsakiyar filin gishirin. Direbobi suna tsoron wurin, don samansa ɓawo ne mai tauri, ƙarƙashinsa kuwa taɓo ne da yake haɗiye taya. Jibo ya nufi motarsa. Ya rage iskar tayoyi, ya cire takalmi ya taka ƙasar yana jin ta da tafin ƙafa, sa'an nan ya nemo sawun jakunan masu gishiri ya ɗora mota a kai. Jaki ba ya taka inda zai nutse, shi kuma Jibo ya san haka.

Sau ɗaya suka kafe. Jibo ya shimfiɗa dardumar shayin Kalla a ƙarƙashin taya ɗaya, ya tuɓe sabuwar rigarsa ya cusa a ƙarƙashin ɗayar. Malaman makaranta biyar suka ɗaure zane suka tura mota, suna ba juna umarni kamar a filin motsa jiki. Mota ta fita ta watsa musu jan taɓo har ka. Suka dubi juna suka fashe da dariya, ɗaya har da zama a ƙasa.

Da suka fara hawan dutse, sai ga busasshen kwari a gabansu, hadari kuma ya yi baƙi a kan tsauni. A ƙasar nan ruwan da aka yi a sama shi yake gangarowa ya cika kwari ba sallama. Jibo ya kashe mota, ya fito ya kasa kunne, ya dubi nisan hadarin. Ya dawo ya faɗi maganarsa ɗaya tak ta yinin nan: “Da saura. Ku riƙe da kyau.” Suka haye. Ba su yi nisa a hawan ba suka ji ruri a bayansu, suka waiwaya suka ga ruwa ya cika kwarin yana jan itatuwa.

Suka shiga Tabarkat ana sallame la'asar. A bakin gari an riga an ɗaure wa raƙuma kaya, awaki sun yi gaba, wata tsohuwa siririya tana kan jaki tana ba da umarni. Ita ce Gaishata. Matan suka so su ruga, Agali ya tare su. Ya je shi kaɗai ya yi gaisuwa da harshen mutanen, ya tambayi gida da dabbobi da ruwa kamar yadda ake yi, sa'an nan ya ce ga baƙuwa tana son magana. Kalla ya riƙo hannun Malama Tsahara ya kawo ta, kantun yana ƙirjinta.

Gaishata ta duba, ta ce da Hausarta ta kasuwa, “Wannan ai gishirina ne. Wani abu ya same shi?”

Malama Tsahara ta ce, “Yaya, na dama naki ne, na hagu nawa.”

Tsohuwar ta ƙura mata ido. Ta ce, “Kowa yana ganin yatsu uku. Wa ya gaya miki wanne ne na wa?”

“Naki ya fi zurfi. Kullum da ƙarfi kike dannawa, Inna tana yi miki faɗa kina fasa mata kantu.”

Ban san yadda mace mai shekara saba'in da ɗoriya ta sauko daga jaki da irin wannan sauri ba, amma ta sauko. Ta kira ta da wani suna, Takna, sunan da ba a kira ba shekara sittin da biyu, Malama Tsahara kuma ta amsa. Gaishata ta ce tun rasuwar uwarsu ita take danna yatsun nan duka uku, kuma bai taɓa fita daga hannunta kantu ɗaya babu na hagun ba. Mutane sun sha ce mata ta bari, yarinyar nan ta daɗe da mutuwa. Ita kuwa takan ce gishiri yana zuwa inda ƙafarta ba ta zuwa, wataƙila wata rana ya faɗa hannun mai yatsan.

Malama Tsahara ta juya yayarta wajen hasken yamma mai taushi, ta kama fuskarta da hannu biyu, ta matso da ita dab da idonta. Ta daɗe tana kallo. Ta ga idanu, ta ga wushirya, ta ga komai. Sai ta ce, “Ashe kin tsufa, Yaya.”

Gaishata ta ce, “Ke kin ga kanki kuwa?”

Guɗa ta tashi. Aka sauke kayan raƙuma, aka dawo da awaki, aka fasa tafiya. Kalla ya ɗora tukunya, amma kantun nan dai bai shiga miya ba, don Malama Tsahara ta ƙi sakinsa. Matan Damagaram da taɓonsu suka shiga rawa, aka kawo musu lemo da rumman fiye da wanda za su samu a Ilakkan.

Kafin rana ta faɗi Gaishata ta sa aka jawo wata farar taguwa, wato raƙuma mace, kyakkyawa, ga ta da ciki. Ta ce tun tana budurwa ta yi wa Allah alkawari duk wanda ya dawo mata da ƙanwarta, farar taguwa tasa ce. In wadda ta keɓe ta tsufa sai ta keɓe 'yarta, wannan ita ce ta biyar. Abokan nan suka ce sun gode, za su riƙe ta su uku. Tsohuwa ta girgiza kai. Ta ce mutum ɗaya ta ambata a alkawarinta, hannu ɗaya kuma za ta danƙa wa igiya, ba za ta canza magana da Ubangijinta ba bayan ya cika mata nasa.

Nan fa abota ta ɗan ji jiki. Kalla ya ce ba don ya lura da matar da kowa ya manta da ita a inuwar mota ba, da kantun nan ya narke a miya, an ci an sha an koma gida. Agali ya ce ba don ya san shaidar da mai ita da ranar tashinta ba, da Inna ta koma Damagaram da gishiri a hannu da sabon baƙin ciki a zuci. Jibo kuwa da hannu ya yi nasa bayanin. Ya nuna kwarin da yake ta ruri a ƙasa, ya nuna raƙuman da aka sauke wa kaya, ya nuna jikinsa da ba riga.

Aka tambayi Malama Tsahara, ta ce ita a ƙyale ta, kallon yayarta take yi, ba ta da idon da za ta ɓata a kan shari'a.

To, ga Gaishata can tsaye da igiya a hannu, taguwa tana tuƙa a bayanta. Ni na san wanda zan ba, amma ba zan faɗa ba sai na ji naku, kuma kada wani ya ce mini a raba, tsohuwa ta riga ta hana. Tsakanin Kalla da ya sa kantun a hannunta, da Agali da ya san inda yatsun suka fito, da Jibo da ya kai ta tun idonta yana gani, hannun wa za a danƙa wa igiyar nan?