Mutum Ɗaya Ake Bari Ya Shiga

Ku gyara zama, ga wata shari'a na kawo muku. Wanda ya san zai yanke hukunci tun ban ƙarasa ba, ya tashi tun yanzu.

A Funtuwa an yi wata mata ana ce mata Tabawa, Allah bai ba ta haihuwa ba. Da ƙanenta ya rasu ya bar jariri, dangi suka jira aka yaye yaron, suka karɓe shi daga hannun uwarsa Kuluwa suka ɗora wa Tabawa a cinya. Kuluwa ta koma ƙauyensu ta yi wani aure. Yaro Mudi ya tashi yana kiran Tabawa Inna, babu wanda ya gyara masa, ita kuwa ta yi ta addu'a kada a samu mai gyarawa. Ya girma, ya zama tela, ya auri Zulai.

Zulai ce ta fara ganewa. Mudi yana kan keke sai ya tsaya cak, ya dafe ƙirji, gumi ya wanke shi, can ya ce ba komai. Wata rana da azahar ta kara kunnenta a ƙirjinsa, ta ji zuciyar tana gudu, ta yi tuntuɓe, ta yi shiru, ta sake zabura. Ta ce asibiti. Tabawa ta ce iska ce, ta jiƙa rubutu. Shi kuma ya ce shayi ne ya yi masa yawa. Zulai ta kafe. Kullum da maganar take kwana, da ita take tashi, har ya gaji ya ce in ba za ta bar shi ya huta ba ta tafi gidansu. Ba ta tafi ba. Ranar da ya faɗi a shago, almakashi a hannu, ita ta tare mota ta ce a wuce kemis, a wuce gidan malam, a yi babban asibiti da shi. Da ta yi zuciya ta tafi gidansu, da a shagon nan aka yi masa wankan gawa.

Likitoci suka ce wani ɗan wuri ne a cikin zuciyar yake aika umarnin banza, shi ke rikita bugun. Ba za a tsaga ƙirji ba. Siririyar waya za a zura ta jijiyar matsematsi, a bi da ita har cikin zuciya, a ƙona wurin. Amma sai an sa shi barci.

Ana gobe aiki mai sa barcin ta zo, wata doguwar mata da ba ta wasa. Ta tambayi abin da yake ci, da abin da yake sha, sannan ta ce, "A danginku na jini, akwai wanda aka taɓa sa wa barci ya samu matsala?"

Mudi ya yi dariya. "Haba likita, ga mahaifiyata nan zaune. Sau biyu ana yi mata aiki, tana tashi tana neman goro."

Likita ta juyo ta dubi Tabawa.

To, nan fa. Tabawa ta taɓa ji a bakin masu zuwa kasuwa cewa wani ɗan Kuluwa ya shiga asibiti da ƙafarsa an fito da gawarsa. Ba ta san yadda aka yi ba, ba ta kuma tambaya ba, don ba ta son sunan matar ya shigo gidanta. Kai kawai za ta gyaɗa, magana ta wuce, ta mutu tana uwar Mudi. Ta dubi kunnensa, ta ga tabon da ya samu yana rarrafe, wanda ita ta tsotse jininsa da bakinta. Sai ta ce, "Likita, ba ni na haife shi ba. Uwarsa na nan da rai. A tambaye ta."

Mudi bai yi faɗa ba, bai yi kuka ba. Da Tabawa ta kawo masa ruwan alwala sai ya ce, "Sannu, Gwaggo." Tabawa ta fita bayan ɗakin ta zauna a ƙasa. Da ta yi shiru a gaban likita, da har yanzu Inna ce, amma uwar mamaci.

Aka ɗaga aikin, aka aika wa Kuluwa. Ita kuwa tun ranar da ta ɗauko gawar ɗanta Sule ta yi rantsuwa ba za ta sake taka ƙofar asibiti ba, ko da ranta ne zai fita. Ƙafafunta sun kumbura, sai da sanda. Ga shi wanda ake kiranta dominsa ɗan fari ne, wanda ko sunansa ba ta taɓa furtawa ba saboda kunya, wanda aka raba ta da shi nono bai gama bushewa ba. Mijinta ya ce, "Yau suka san da ke?" Ta ce ya bar ta. Ta ɗauki azumin kaffara, ta hau bayan a-kori-kura tare da buhunan masara.

Ta zauna gaban likita, ta juya wa gadon Mudi baya, ta ba da labarin da ba ta taɓa ba kowa ba. Gwaiwa ce kawai aka ce za a gyara wa Sule. Aka kifa masa abin shaƙa a hanci, jikinsa ya ɗauki zafi kamar tukunya a kan murhu, ya sandare, bai farka ba. Yayanta ma haka ya tafi, a wani gari, a wata shekara. Likita ta ajiye biro ta ce wannan abu gado ne, jini yake bi, kuma irin iskar nan ce ta yi niyyar shaƙa wa Mudi. Ta sauya magani, ta ce ta jijiya za a ba shi, ta sa aka wanke na'urar sa barcin tas. Da Kuluwa ta riƙe rantsuwarta, da ta binne ɗa na biyu ba ta ma san fuskarsa ba.

Da safe aka tura gadon. Mudi ya wuce su ukun idonsa a rufe, ba barci yake ba. Suka zauna a benci ɗaya. Zulai ta buɗe kwanon ɗumame, babu wadda ta sa hannu. Tabawa ta saci kallon Kuluwa, ta ga hancin Mudi, ta ga yatsun Mudi, ta kau da kai. Can Kuluwa ta ce a hankali, "Yaya, yana cin yaji?" Tabawa ta ce, "Kamar hauka." Kuluwa ta ce, "Ubansa ne."

Rana ta karkata kafin nas ta leƙo. Ta ce an ƙona wurin, zuciya ta dawo tana bugawa daidai, ya fara motsi. Amma dole ya kwanta a miƙe a bayansa har yamma, kada ya lanƙwasa ƙafar da aka huda, in ba haka ba jini ya ɓalle. Mai fitowa daga barcin nan ba ya cikin hankalinsa, zai yi ta fizge-fizge. Ana son wadda zai buɗe ido ya gani ya natsu, ta dafe masa gwiwa.

"Mutum ɗaya ake bari," in ji nas. "Wace ce tasa?"

Su ukun suka miƙe. Zulai ta ja baya don ganin girman iyaye. Kuluwa ta sunkuyar da kai, ta riƙe sandarta da hannu biyu. Tabawa ta ɗaga ƙafa, sai ta ji ba ta san da wane suna za ta shiga ba, ta mayar da ƙafar. Nas na riƙe da ƙofa, daga ciki ana jin gado yana ƙara.

To, ku da kuke da bakin magana, wace ce a cikinsu ta fi cancanta ta shiga?