Dalilin da Ya Sa Albasar Kwaɗi Take Ɓoye Kanta a Ƙasa

Dalilin da ya sa albasar kwaɗi take binne kanta a ƙasa, ku matso ku ji. Kai Ilu, bar tsokanar ƙanwarka, ko in yi shiru.

A da, a sama take ɗauke da kanta, ƙato kamar tulu, cike da ruwa, furenta fari fat. A bakin fadama take, kwaɗo kuwa ya haƙa raminsa a gindinta yana shan inuwa.

Wata shekara rani ya yi tsanani. Wata mata mai suna Tabawa ta je tonon ruwa a yashin rafi. Ta kwance goyonta, jaririya Kande, ta shimfiɗe ta a ƙarƙashin ganyen albasar. A garin nan ba a cinna wa daji wuta sai an yi shela. Amma Jatau, ƙanin mijinta, ya ga ramukan gafiya, ba ya son kowa ya riga shi. Kwaɗayi ne fa kawai! Ya ƙyasta wuta bai gaya wa kowa ba.

Sai iska ta juya. Kafin Tabawa ta ɗago kai, wuta ta shiga tsakaninta da 'yarta.

"Wayyo Allah! Jatau, ka kashe ni! Kande tana ciki!"

"Matar Yaya, wallahi ban san kuna nan ba!" Ya sari ɗanyen reshe yana ta dukan wuta, ina, ta fi ƙarfinsa.

Albasa ta ji jaririya tana tari cikin hayaƙi, tausayi ya kama ta. Ta ce wa kwaɗo, "Ja ta raminka mana!"

Kwaɗo ya ce, "Ramina ba zai ci mutum ba. Sai dai ki juye mata ruwanki, ki rufe ta da ganye."

"In na zubar da ruwana, ni da me zan tsira?"

"Kanki zai motse. Ki cusa shi ramina. Yi sauri, wuta ta iso!"

Albasa ta sunkuya ta juye ruwanta kaf, ta lulluɓe Kande da jiƙaƙƙen ganye, ta cusa kanta a rami. Wuta ta bi ta kansu ta wuce.

Tabawa ta ratso toka mai zafi ba takalmi. Tana yaye ƙonannen ganye, kututturen ciyawa yana yankar hannunta, jini yana ɗiga a kan fure ɗaya da ya rage. Kande ba motsi. Tabawa ta ɗauke ta, ta girgiza ta, ta hura mata iska a fuska. Can sai jaririya ta yi atishawa, ta tsala kuka. Jatau ya durƙushe a toka, ya kasa haɗa ido da kowa.

Albasa kuwa ta ƙi fitowa. Ta ce, "Ni da rani har abada, muddin mutum yana riƙe da wuta."

Kwaɗo ya ce, "Yi zamanki. Ran da ruwa ya sauka, zan kira ki."

Shi ya sa har yau, da rani ko ganyenta ba za ku gani ba, sai kwaɗi sun yi kuka take fitowa. In kun tsinki furenta, ku duba jan layin nan da ke tsakiyar farin. Jinin hannun Tabawa ne.