Tasalla Mai Kitso da Sarƙaƙiya Mai Numfashi

Ku matso kusa, ku bar tsokanar juna. Ga ta nan, ga ta nanku.

Ta zo mu ji ta, Kaka.

Wani gari ne can, ana ce masa Gangaren Tsamiya. A bayan garin akwai wata sarƙaƙiya, girmanta ya fi garin sau bakwai. Cikinta lunguna ne, wannan ya shiga wancan, wancan ya koma wannan. Lungunan kuwa ba sa zama wuri ɗaya. Hanyar da ka bi da safe, da azahar ta zama bango. In iska ta kwanta, sai a ji sarƙaƙiyar tana numfashi.

Wata shekara rijiyoyin garin suka ƙafe. Amma in mutum ya kasa kunne, sai ya ji ƙarar ruwa can tsakiyar sarƙaƙiya. Sai wani maƙeri, sunansa Shekarau, ya ɗauki gatari, shi da mutum biyu. Suka yi ta sara suna shiga. Hanya ta rufe bayansu. Kwana uku babu labari.

Matar Shekarau kuwa mai kitso ce, sunanta Tasalla. Mace ce mai tambaya, ko tururuwa ta gani sai ta bi ta ga raminta. Da gari ya waye sai ta ɗauki matsefi, da tsinken tsifa, da ƙwaryar man kaɗe.

Maƙwabciyarta ta ce, “Tasalla, maza sun tafi da gatari ba su dawo ba. Ke da matsefi za ki?”

Ta ce, “Shi na iya riƙewa.”

Sai ta shiga. Tana tafiya, tana tafiya, sai ta ji ƙas-ƙas a bayanta. Ta waiwaya, hanya ta rufe. Gabanta ma bango. Ta tsaya tana dubawa. Sai ta ga inda gatari ya sari reshe, wurin yana zubar da ruwa ja, reshen yana rawa.

Ta ce, “Ashe ciwo kike ji?”

Sai ta lakaci man kaɗe ta shafa. Reshen ya daina rawa. Bango ya tsage, hanya ta buɗe.

Tana tafiya, tana tafiya, sai ta iske rassa sun cukurkuɗe, sun yi ƙulli kamar tulu. A ƙasa ga gatarin mijinta. Ba ta ɗauka ba. Ta zagaya ƙullin, ta sake zagayawa.

Ta ce, “Wannan ai na san shi. Haka kan mace yake yi in ya shekara ba tsifa.”

Sai ta sa tsinke, ta fara daga baki, tana warwarewa silli-silli. Ƙaya ta soke ta, ba ta fasa ba. Da ƙullin ya saki, sai ta ji an yi ajiyar zuciya, har ƙasa ta motsa. Hanya ta buɗe.

Tana tafiya, tana tafiya, sai ta fito wani fili. A tsakiya ga ruwa yana ɓuɓɓugowa, garau. A gefe ga Shekarau da mutanensa, rassa sun naɗe su har wuya. Suna da rai, amma leɓunansu sun bushe, ruwa na gabansu ba sa iya kai hannu.

Sai muryar wata tsohuwa ta fito daga ƙasa, ta ce, “Wa ke taɓa mini kai?”

Tasalla ta durƙusa, ta ce, “Ni ce, Tasalla mai kitso. Kaka, kanki ne wannan?”

“Kaina ne. Ruwan nan daga maɗigata yake fitowa.”

“To me ya sa hanyoyin suke juyawa?”

“Ƙaiƙayi, ’yar nan. Rabona da kitso tun ba a dasa tsamiyar garinku ba. In ya dame ni sai in motsa fatar kaina.”

“Su kuma waɗannan fa?”

“Na ji abu yana cizona, na ɗauka kwarkwata ce, na danne.”

Tasalla ta ce, “Wannan mai gemun mijina ne. Ki sake su, su sha ruwa, ni kuwa in yi miki kitso.”

Tsohuwa ta ce, “Hannunki ya yi daɗi. Na yarda.”

Rassa suka saki. Mazan suka faɗa kan ruwa suna sha. Shekarau ya ɗago, ya kasa haɗa ido da matarsa.

Ta ce, “Maigida, je ka kira mini matan gari. Kowa ta zo da matsefinta.”

Mata suka zo. Kwana bakwai suna tsifa, suna shafa mai, suna waƙa. Tasalla ce ke tsaga. Ta tsaga layi miƙaƙƙe tun daga maɗiga har bakin gari, sai ruwa ya bi tsagar ya gangara. Yara suka tare shi da ƙore.

Da aka gama, tsohuwa ta ce, “Duk shekara ku dawo. Amma kada ku maimaita mini kitso iri ɗaya, ina gundura.”

Tasalla ta ɗaure kayanta. Har ta juya, sai ta tsaya.

Ta ce, “Kaka, saura tambaya ɗaya. In wannan duk kanki ne, ina sauran jikinki?”

Tsohuwa ta yi dariya, ganye ya zubo. Ta ce, “A kan me kuke tsammani kuka gina garinku? Kafaɗata ce. Ki gaya wa masu daka su riƙa sassautawa.”

Ƙurunƙus kan kusu, ta ƙare ke nan. Abin da ba ku gane ba, ku tsaya ku duba, ku tambaya, kafin ku ɗaga masa gatari. To, kowa ya kakkaɓe tabarmarsa.