Horimoti da Fuskokin Yumɓu

A zamanin da ƙasar Bengal take dajin fadama, damisa ta fi mutum yawa, an yi wata maginiyar tukwane mai suna Horimoti. Wata damina kogi ya sauya hanya, ya cinye ƙauyensu, ya tafi da rabin jama'a, har da mijinta Gadadhar, maharbi. Ita ta ja ragowar mutane zuwa wani tudu, suka kafa bukkoki.

A addininsu, mamaci ba ya samun hutu sai an ƙone gawarsa, ga shi ruwa bai mayar da ko ɗan yatsa ba. Masu tarihi sun ce kullum da la'asar ana jin muryoyin matattun daga cikin ciyawar bakin kogi suna kiran 'yan uwansu. Tsoro ya hana kowa zuwa kamun kifi, yunwa ta shigo, aka fara ɗaure kaya.

Horimoti ta ɗebo yumɓun kogin, ta riƙa ƙera fuskar kowane mamaci a kan ɗan tubali, har da mai wushirya da mai tabo a goshi. Ta gasa su a wuta. Duk fuskar da ta fito ja, muryar mai ita sai ta ɗauke. Nan aka yi mata kirari: Uwar waɗanda ruwa ya ci, mai mayar da laka mutum!

Fuska ɗaya ce Horimoti ta ƙi gasawa. Ta Gadadhar ce, tana nan ɗanya a ɗakinta, domin muryar nan ita kaɗai ta rage mata daga gare shi. Wa zai ga laifinta?

Uwar mijinta ta same ta, ta ce, "'Yata, ke kina jin muryar miji, ni kukan ɗana nake ji. Ki sake shi."

Horimoti ta sa tubalin a wuta da hannunta. La'asar ta yi, kogi ya yi tsit. Gari ya ɗau guɗa, ita kuwa ta zauna bakin ruwa ta yi kukan da ba ta yi ba ranar ambaliya.

Da aka gina ɗakin bauta, ƙasar ba ta da dutse, sai aka lulluɓe bangonsa da waɗannan jajayen fuskoki. Har yau a garin, in ruwa ya ci mutum, wanda ya fi sonsa shi ke sa fuskarsa ta yumɓu a wuta.