Jirau na Gindin Kanya

A zamanin da, tun daji ya fi gonaki yawa a ƙasar nan, tun giwaye suna sauka fadama da rana tsaka su sha ruwa ba mai tanka musu, an yi wani maharbi ana ce da shi Barmo. Dogo ne, mara yawan magana, wanda ya fi sabawa da duban ƙasa a kan duban fuskar mutane. An ce in ya durƙusa a kan sawu yakan faɗi ko dabbar mace ce ko namiji, ko a ƙoshe ta wuce ko da yunwa, ko tafiyarta take yi ko tsoro ne ya koro ta. Maharba 'yan'uwansa suna yi masa kirari, suna cewa, "Barmo sha-raɓa, na gaban karnuka, ƙasa ba ta ɓoye maka zance!"

Wata shekara da rani ya tsananta, Barmo ya bi sawun wani farin gwanki har ƙishirwa ta kusa kayar da shi. Gwankin ya tsaya a gindin wata babbar kanya, ya dube shi, ya tona ƙasa da kofato, sai ga ruwa yana tsattsafowa. Barmo ya sauke bakansa bai harba ba. Da ya sha ya ɗago kai, ba gwanki ba sawunsa. Sai ya kafa bukka a kan tudu, ɗan nesa da ruwan, ya koma ya ɗauko matarsa Kyallu da ƙanwar ubansa, Goggo Tabawa, wadda ta raine shi tun yana maraya.

Maharban wancan lokaci suna da al'adu biyu da ba sa wasa da su. Ta farko, ɗa namiji ba mai raɗa masa suna sai ubansa, bayan ya ɗora masa tsarkiyar bakansa a tafin hannu. In wani ya raɗa, to an yarda ke nan uban ya mutu. Ta biyu, maharbi ba ya bin abin da sawun wani namiji ya riga shi a kai, nama ne ko gida. Juyawa yake yi ba tare da ya tambayi kowa ba, domin a wurinsu tambaya bayan an ga sawu zubar da girma ne.

Kyallu tana da tsohon ciki sa'ad da aka busa ƙahon gayya daga kudu. Giwaye sun addabi wasu garuruwa, shugaban maharba ya kira kowa, kuma kiran ƙaho ba a ƙin sa. Barmo yana ɗaura kwari, Kyallu ta tsaya a bakin bukka tana murza bakin zanenta.

Ta ce, "Maigida, ka bar mini sunan mana, ko da za ka yi jinkiri."

Ya ce, "Suna ba a barin sa a baya. Yana nan a bakina, zan kawo shi kafin gero ya fid da kai."

"Ko a kunne ne, ni kaɗai?"

Ya yi murmushi, ya girgiza kai. Goggo Tabawa tana tankaɗe a gefe, ta ce, "Rabu da shi, 'yar nan. Haka ubansa yake. Rowar magana a gidansu gado ce, ni kaɗai na tsira."

Ya tafi. Kyallu ta bi shi da ido har ciyawa ta rufe shi.

Gero ya fid da kai, aka yanke, Barmo bai dawo ba. Kyallu ta haifi ɗa namiji, aka yi wanka aka gama, ba uba ba suna. Maharban da suka dawo daga gayya sun ce ganinsu na ƙarshe da shi, ya bi wata giwa mai rauni cikin wani kurmi mai duhu wanda ko tsuntsu ba ya kuka a ciki. Masu ba da labari sun ce iskokin kurmin ne suka riƙe shi, suka rufe masa hanya. Shi a ganinsa 'yan kwanaki ya yi, alhali a waje damina tana zuwa tana wucewa.

Da naman da ya bari ya ƙare, Kyallu ta ɗauki fartanya. Ba ta taɓa noma ba, amma ta share bayan bukka ta shuka gero da wake. Ƙasar kuwa cike take da ƙaya, ta farfasa mata ƙafa har jini. Sai ta zaro wasu tsofaffin takalman fata da Barmo ya yar a lungu, ta yi musu sabon gindi da fatar ɓauna, ta cusa tsumma don su kama ta. Da su take fita gona, da su take sauka ɗiban ruwa, da goyo a bayanta da tulu a kanta.

Goggo Tabawa takan ce, "'Yar nan, yaro ba ya zama haka kamar ɗan akuya. Bari in nemo wani dattijo cikin fatake ya raɗa masa suna."

Kyallu takan ce, "Goggo, in aka raɗa, kin san abin da muka faɗa ke nan. Ni ban faɗa ba tukuna."

Da rani fatake sukan yada zango a gindin kanya don ruwa. In suka ga yaron yana wasa suka tambayi sunansa, amsa ɗaya ce kullum: ana jiran ubansa. Wannan ayari ya gaya wa wancan, har ya zama in sun doso wurin sai su ce, "Mu ƙarasa ruwan Jirau." Goggo ma ta kama kiran yaron Jirau. Kyallu kuwa ba ta taɓa faɗin sa ba, ga kunyar ɗan fari, ga kuma abin da ke ranta. "Kai yaro" kawai take cewa.

Yaron ya fara tafiya, ya fara gudu, ya fara magana. Sai wata safiya Kyallu ta sauka ɗiban ruwa ta tarar da ƙullin naman banda a rataye a reshen kanya. Ta dubi igiyar, tulun ya suɓuce mata ya fashe. Ɗaurin Barmo ne, mai kunne biyu, wanda ba ta taɓa ganin wani ya yi irinsa ba. Ta ruga cikin ciyawa tana kira, "Maigida! Maigida!" har muryarta ta dushe. Ba wanda ya amsa.

Abin da ya faru shi ne, Barmo ya kuɓuta daga kurmi ya nufo gida da gudu, da suna a bakinsa. Da ya iso bayan danga ya ga kunyoyin gero, shi kuwa bai bar manomi a gidansa ba. Ya sunkuya kamar yadda ya saba. Ga ƙananan sawun yaro, zuciyarsa ta yi fari. Ga kuma sawun takalmin namiji, babba, mai nauyi, ya shiga bukka ya fita, na jiya da na shekaranjiya da na watanni. Bai ƙara duba ba. Ya miƙe ya juya. Tun daga nan sai dai lokaci zuwa lokaci ya kawo rabon ɗansa gindin kanya da sanyin safiya, ya rataye, ya koma daji ba ya ko ɗaga ido wajen tudu.

Wannan zama ya fi na farko yi wa Kyallu ciwo. Da can tana jiran wanda ba ta san ko yana raye ba. Yanzu ta san yana raye, ta san yana zuwa har inda zai jiyo dakanta, amma ba ya shigowa. Ta bincika zuciyarta ta rasa laifin da ta yi. Takan zauna a gindin kanya tun safe har inuwa ta juya, amma mutumin da ke iya laɓe wa damisa ba a kama shi da zama. Ta rame. Duk da haka in Goggo ta tayar da zancen suna sai ta ce, "Yana bakinsa, Goggo. Shi ya ce."

Goggo Tabawa ce ta gano bakin zaren. Wata safiya da aka sake samun nama, bayan an kwana ana yayyafi, ta dogara sandarta ta bi ƙasa a hankali, don ta raini maharba ta san kaɗan. Ta ga sawun Barmo ya zo gindin kanya, ya tsaya daf da wani sawu, ya daɗe a tsaye har dugadugansa suka nutse, sannan ya juya. Ta dubi sawun da ya tsaya a kai. Ta dubi ƙafar Kyallu, wadda ke biye da ita. Ta saki sanda ta dafe kai.

"Wayyo ni Tabawa! Ashe sakarai na goya! 'Yar nan, dubi ƙafarki."

Kyallu ta duba. Sannan ta ce a hankali, "Nasa ne fa, Goggo."

"Ni kike gaya wa? Je ki gaya masa. Amma mutumin nan ba ya jin maganar baki, da ƙasa yake hira."

Sai Kyallu ta yi masa magana a ƙasa. Ta karyo reshe ta share hanya tun daga ƙofar bukka har gindin kanya, ta yi sumul. Ta sa takalman ta tako har gindin itacen, ta tuɓe su a nan ta jera, ta koma gida ƙafa ba takalmi, ƙaya tana sukar ta, yaron yana riƙe da hannunta. Duk wanda ya iya duban ƙasa zai ga namiji ya fito daga bukka, ya ƙare a gindin kanya, mace ta fita daga cikin takalmansa ta koma.

Ruwa ya sauko ya wanke. Ta sake sharewa, ta sake takawa. Ya sake wankewa. Haka ta yi ta yi damina guda, ba ta san ranar da zai zo ba, ƙafafunta suka koma yadda suke kafin ta san takalmi.

Ran nan da hantsi, gero ya fara ja, tana tsinkar wake, ta ji Goggo ta yi shiru a tsakiyar magana. Ta ɗago. Ga mutum a bakin danga, furfura ta fito masa, yana rungume da takalma a ƙirji kamar jariri. Bai iya sallama ba.

Goggo ce ta fara. "A'a, sannu da zuwa, na gaban karnuka! Ka kamo kwarton? Ga shi nan a hannunka, riƙe shi da kyau kada ya gudu."

Barmo ya durƙusa. Ya ce, "Kyallu, sau ɗaya na duba. Na kasa duba na biyu."

Ta ce, "Da ka ɗaga murya ka yi sallama, da na amsa."

"Na sani."

"Ba ka sani ba," in ji ta. Sai ta juya ta shiga bukka ta ɗebo masa ruwa.

Yaron, wanda a lokacin ya fara famfara, ya laɓe a bayan Goggo yana leƙe. Barmo ya kwance tsarkiyar bakansa, ya kira shi da hannu, ya ɗora masa a tafi. Ya sunkuya zai raɗa, sai yaron ya ja da baya ya ce, "Ni ai ina da suna. Jirau nake."

Barmo ya tsaya. Ya dubi yaron, ya dubi gonar, ya dubi ƙafafun matarsa. Sannan ya kai baki kunnen ɗansa ya yi raɗa, ya ɗago ya faɗa da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Jirau ne."

An ce bayan shekaru, sun tsufa, bukkoki sun kewaye tudun har ya zama gari, Kyallu ta tambaye shi wane suna ne ya riƙe a bakinsa duk tsawon zamansa a daji. Ya ce, "Na wanda ba a wahala a kansa ba ne. Bai dace da namu ba." Bai faɗa ba har ya mutu. Na sha zama ina tunanin ko wane suna ne.

Garin shi ne Kanyar Jirau, kuma daga bakin tsofaffinsa na ji wannan labari. A can, yaron da aka haifa ubansa yana tafiya, ana yanka rago ranar bakwai a raɗa masa suna kamar yadda addini ya koyar, amma Jirau za a riƙa kiran sa har uban ya dawo. Wasu uban yakan dawo ya ce a bar shi haka. Sunan bai da yawa, amma ya fara fita gari. Na ji shi a birni a bakin matar wani direban babbar mota, na kuma ji shi a wurin wasu ma'aurata da suka daɗe ba su sami haihuwa ba, waɗanda ko labarin Barmo ba su taɓa ji ba. Sun ce gajere ne, yana da taushi a baki, kuma namu ne. Ni abin da ya ja ni gare shi, duk yaron da ke amsa shi yana yawo da shaidar cewa akwai wadda ta ƙi fid da rai.

Kanyar tana nan, ruwan gindinta an gina masa baki ya zama rijiya. Har yau matan da mazansu suka yi nisa su ne ke share gindinta da safe, kowace da ranarta. Zuwana na ƙarshe na tarar da wata matashiya tana shara, mijinta ya tafi neman aiki arewa, bayan hamada, wayarsa ta daina shiga tun tana da ciki. Yaronta yana ta tsalle a inda ta share. Ta ce, "Kai yaro, fita daga nan, kana ɓata mini wuri." Ta bi sawunsa ta goge, ta miƙe da tsintsiya a hannu tana duban hanya.