Benen da Aka Gina a Ƙarƙashin Gantalalle

Akwai wani magini da ake kira Na-Sani, a wata duniya da ba tamu ba. Ba sunan yanka ba ne. Leburori ne suka liƙa masa, don kafin ka rufe baki ya ce maka ya sani.

A duniyar tasu wata biyu ne. Ɗaya mai hankali, yana fitowa a kan lokaci. Ɗayan kuwa Gantalalle ake ce masa, ba shi da hanya, ba shi da ranar zuwa. Sai ya shekara bakwai ba a gan shi ba, kwatsam a wayi gari ya tsaya a saman gari, ƙato, fari fat, ko da rana tsaka ana ganinsa. Muddin yana sama, jan komai yake yi zuwa gare shi, sai kaya su rage nauyi. Tsohuwa ma sai ta ɗauki buhun siminti kamar matashin kai.

Shi ya sa magina suke da ƙa'ida: idan Gantalalle yana sama, a kwaso yashi, a tara bulo, amma ba a zuba rufin kankare, ba a gwada ƙarfin gini.

Na-Sani ya rushe gidan da ubansu ya bari, ya ce bene hawa uku zai yi a wurin. Ya kai Inna, mahaifiyarsa, ɗakin bayan shagon ƙanwarsa tela, cikin ƙyallaye da ƙarar keke, shi da matarsa suka kama haya. Ana gama tushe sai ga Gantalalle.

Kawunsa, wanda ya fara ɗora masa cokalin gini a hannu, ya zo wurin aikin.

"Ɗana, a dakata da hawan sama har baƙon nan ya wuce."

"Kawu, yaushe zai wuce?"

"Wa ya sani? Gobe ko baɗi."

"To, ni in zauna jiran abin da ko shi bai san inda za shi ba? Dubi can, lebura ɗaya bulo shida yake ɗauka. Allah ya kawo sauƙi, ku kuna gudunsa. Shi ya sa kuka tsufa kuna gina kejin kaji."

Leburori suka yi dariya, don mai biyansu ne ya yi maganar. Kawu ya kaɗe hularsa ya tafi.

Gini ya tashi kamar ana hura shi. Na-Sani ya ga ginshiƙi siriri yana riƙe abin da a da sai ƙato, ya ce ashe tsofaffi ɓarnar rodi suke yi. Falon ƙasa ya cire masa ginshiƙin tsakiya gaba ɗaya, wai yana tare ido. Masu wucewa suna tsayawa kallo, shi kuwa yana leƙo su daga sama, hannu a ƙugu, kansa ya fi benen girma.

Da aka gama, ya aika a kira Kawu, ba don shawara ba, don ya kunyata shi. Ya sa aka jibge buhunan yashi ɗari a rufin sama, yadda ake gwada gini. Ko gezau.

"Kawu, ka gani? Ko a ƙara ɗari?"

"Ƙara dubu. Buhun ma ƙarya yake yi maka yanzu. Wannan ɗarin, nauyin buhu ashirin na ranar gaskiya kawai gare shi."

"Hassada dai ga mai rabo taki ce."

"Ni rabon 'yar'uwata nake ji. Ba za ta kwana a ciki ba ina numfashi."

Ranar tarewa, da hantsi, mota ta kawo kaya, Inna da matar Na-Sani suna gaba. Suka tarar da Kawu ya kifa bokiti a bakin ƙofa ya zauna a kai. Na-Sani ya zo ya tsaya a kansa.

"Tsoho, tashi, kada in manta kai wane ne."

"Ai ka daɗe da mantawa. Ɗauke ni, ba nauyi gare ni ba yanzu."

Mutane suka taru. Na-Sani ya ji kunya ta koma masa fushi, ya miƙa hannu zai janye kawun nasa. A daidai nan leburori biyu da suka ɗauko durowa da hannu ɗaiɗai suka durƙushe, durowar ta faɗi ta tsage. Shi ma ya ji gwiwoyinsa sun yi nauyi kamar an goya masa mutum.

Ya ɗaga kai. Gantalalle ya kama hanya, ko sallama babu.

Kawu ya miƙe da sauri. "Kowa ya ja baya! Ku tsallaka titi!"

Benen ya fara da ƙara, irin ta tsohon gado. Tagogi suka farfashe. Sai falon nan mai faɗi ya lotsa, hawa na biyu ya zauna a kansa, na uku ya biyo baya da buhunan yashinsa. Da ƙura ta lafa, ba a rasa rai ko ɗaya ba, amma gida ya zama tudu.

Na-Sani ya tako wurin motar, fari fat da ƙura.

"Inna..."

Inna ba ta yi kuka ba. Ta dube shi daga sama har ƙasa.

"Ubanka bai iya surutu ba, amma shekara arba'in ban taɓa kwana a gidan wani ba sai da ka girma. Direba, juya. Ɗakin bayan shago mutum biyu yake ɗauka, ni da matarka. Kai da ka iya gini, nemi inda za ka sa haƙarƙarinka."

Darasi: Sauƙin da ya zo maka daga sama ba gwanintarka ba ce, baƙo ne, kuma ba ya sallama idan zai tafi. Kada ka auna ƙarfinka a ranar da komai ya yi sauƙi, kada kuma ka raina wanda ya ga ranar nauyi kafin a haife ka. Ku tura wa duk wanda lokaci ya ɗaga shi yake zaton tsawonsa ne.