Sa'ar da Cindo Ya Ɓatar

A yawona na taɓa sauka wani gari, sunansa ya kwanta mini, inda akwai makarantar da ba a karanta komai sai lokaci. Mai buga musu gangar sa'o'i wani talaka ne, Cindo. Wata rana akuyarsa ta faɗa rijiya, ya tafi cirota, gangar tsakar rana ba ta yi kuka ba. Da yamma shugaban makarantar, Malam Barmo, ya kira shi gaban malamai.

"Ka ɓatar mana da tsakar rana. Ka dawo da ita, ko ka ajiye gangar ka bar aikin."

Cindo ya durƙusa. "Allah gafarta Malam, wa ya ce ta wuce?"

"Makaho ma ya san rana ta karkata."

"To, ni jahili ne. Amma shekara goma ina jin kana koyar da cewa a gidan nan sa'a ba ta shiga sai ganga ta kira ta. Idan ta shigo ta fita ba kiɗa, ashe karatun ne ke da gyara?"

Malamai suka zuba wa shugaba ido. Ya daɗe yana shafa gemu.

"Karatuna ba shi da gyara."

"Ashe tana nan cikin gangata, ko ƙwarzane ba ta yi ba."

"Buga, ɗan nema."

Cindo ya buga. Malamai suka zauna cin abincin rana, kaji na shiga akurki.